Daga Filin Unguwa Ake Farawa

'Ya'yana samarin Yerwa, wato Maiduguri, na Gwange da Bulumkutu da Hausari da Bolori da sauran unguwanni: Da yawa a cikinku burinsu wasa ya zama sana'a, a kira sunansu a rediyo, su gina wa iyaye gida da guminsu. Buri ne mai kyau, ban zo in rage muku shi ba. Abin da ke damuna shi ne gidan kallon ƙwallon da kuke cikawa kowane dare ƙarshen tafiya kawai yake nuna muku. Kuna ganin mutum ranar da ya ɗaga kofi, ba ku ganin shekarun da ya yi yana wanke rigarsa guda ɗaya da daddare don ta bushe kafin atisayen safe. Ku kuwa a cikin waɗannan shekarun kuke yanzu. Saboda haka ku matso, mu bi sawun ɗan wasa ɗaya tun daga ƙungiyar yara ta unguwa har inda Allah ya kai shi.

Da gangan na zaɓo ɗan wasan zari-ruga. A ƙwallon ƙafa kowannenku yana da ƙungiyar da yake kishi, kafin in kai aya musu ya kaure. A zari-ruga ba ku da ɓangare, za ku saurara da zuciya ɗaya. Sannan a wasan nan matakan hawa a bayyane suke, domin jiki ne ke karo da jiki, ba yadda za a ɗauki yaro ɗanye a jefa shi cikin manya.

Ga wanda bai taɓa gani ba: mutum 15 ne a kowane ɓangare, ana yin minti 80. Ƙwallon doguwa ce, ana rungumarta a ruga da ita. Ba a jefa wa abokin wasa ita gaba da hannu, sai baya ko gefe. Wanda ya ƙetara layin abokan karawa ya dangwala ta a ƙasa ya ci maki 5, bugun da ke biyo baya ta tsakanin sanduna kuma maki 2. Mai riƙe da ƙwallo kaɗai ake kayarwa. Duk wanda ya taɓa kokawa ko langa a dandali zai gane rabin wasan a zama ɗaya. Har zuwa watan Agusta na 1995 hukumar wasan ta duniya ba ta yarda a biya ɗan wasa albashi ba. Daga shekarar ne ya zama sana'ar da mutum zai ci abinci da ita a sarari.

Yaron da nake nufi sunansa Siya Kolisi. An haife shi ranar 16 ga Yuni, 1991, ya tashi a Zwide, unguwar talakawa baƙar fata a gefen birnin Port Elizabeth na Afirka ta Kudu, wanda yanzu ake kira Gqeberha. Iyayensa da ƙuruciya suka haife shi, mahaifin ma bai gama sakandare ba, don haka kakarsa ta wajen uba ce ta riƙe shi. Ya sha faɗa da bakinsa cewa akwai daren da ba a ɗora tukunya, sai ya sha ruwa da sukari ya kwanta. Gado babu, a ƙasa yake kwana a kan matasan kujera. Kakar ta rasu yana yaro, mahaifiyarsa ta bi ta yana da shekara 15. Ba sai na yi muku dogon bayanin irin wannan rayuwa ba. Wanda ya taso a garin nan daga 2009 zuwa yau, shekarun rikici, ko ya shigo shi a ƙafa daga Bama ko Gwoza ko Baga, ya san yunwa ya san maraici, wani ma abin da idonsa ya gani ya fi na Kolisi nauyi.

Abin da nake so ku lura da shi shi ne inda yake kai yammacinsa. A Zwide akwai tsohuwar ƙungiya mai suna African Bombers da ke atisaye a filin Dan Qeqe, can ya liƙe tun yana ɗan firamare. Wani malami mai suna Eric Songwiqi, wanda ke horar da yara a makarantar Emsengeni, ya ga akwai abu a jikinsa, ya jawo shi kusa. Ranar da aka kai shi gwajin zaɓen 'yan wasan lardi ba shi da wandon wasa, da gajeren wandon ciki ya shiga fili, kuma aka ɗauke shi. Yana da shekara 12 ya bi tawagar yaran lardin Eastern Province zuwa wata gasa a garin Mossel Bay. A can mutanen makarantar Grey suka gan shi, suka ba shi gurbin karatu kyauta.

Wani zai ce ai sa'a ce. Rabo gaskiya ne, babu mai imanin da zai musa shi. Amma ku duba inda rabon ya tarar da shi: a cikin fili, cikin tawaga, a gasar da ke da alƙali da rajista, ƙarƙashin malamin da ya san sunansa ya san gidansu. Masu neman yara ba sa bin lungu-lungu, gasa suke zuwa su zauna da takarda da biro. Ba za a rasa yaran Zwide da suka fi shi gudu ko ƙarfi ba, sai dai ranar ba su cikin motar da ta tafi Mossel Bay.

Grey makarantar masu hali ce, da Turanci ake komai, shi kuwa harshen Xhosa ya tashi da shi. Ya sha wuya a aji kafin Turanci ya zauna a bakinsa. A can ya fara samun abinci mai ƙosarwa kullum, jiki ya buɗe. Daga nan sai hawa, ɗaya bayan ɗaya: ƙungiyar makaranta, 'yan ƙasa da shekara 16 na lardi, 'yan ƙasa da 18 a gasar Craven Week wadda ke tara zaratan 'yan sakandaren ƙasar duk shekara, sannan tawagar makarantu ta ƙasa. A 2007, ranar da ƙasarsa ta ci kofin duniya a Faransa, a wata mashaya ya kalli wasan ƙarshe domin gidansu babu talabijin. A 2010 ya koma Cape Town wajen ƙungiyar Western Province, ya buga wa 'yan ƙasa da 20 na ƙasa a 2010 da 2011, ya shiga babbar ƙungiyar Western Province a 2011, ya hau zuwa Stormers a 2012. Ranar 15 ga Yuni, 2013, ana gobe zai cika shekara 22, ya fara saka rigar Springboks, babbar tawagar ƙasar, a wasa da Scotland a garin Nelspruit. Daga benci ya taso, wajen minti biyar da fara wasa, saboda mai gurbin ya ji rauni, kuma shi aka zaɓa gwarzon wasan.

Shekara goma ke nan tsakanin Mossel Bay da Nelspruit, kuma ko a nan bai isa ba. Kusan duk wasanninsa na farko daga benci yake shigowa. A gasar kofin duniya ta 2015 a Ingila 'yan mintuna kaɗan ya samu. A littafin tarihin rayuwarsa mai suna Rise, wanda ya fito a 2021, bai ɓoye ba cewa ya yi fama da giya a shekarun da kuɗi suka fara shigowa, sai da ya yi da gaske kafin ya kuɓuta. Na ambaci wannan ne don ku san albashin farko ma jarrabawa ce. A 2017 ya zama kyaftin ɗin Stormers. A watan Mayu na 2018 koci Rassie Erasmus ya damƙa masa jagorancin Springboks, baƙar fata na farko da ya riƙe muƙamin a tawagar da ta fara wasa tun 1891. A wasansa na farko yana kyaftin, Ingila ta yi musu ci 24 da 3 tun da wuri a Johannesburg, suka farfaɗo suka ci 42 da 39. Ranar 2 ga Nuwamba, 2019, ya ɗaga kofin duniya a Yokohama bayan sun doke Ingila 32 da 12, mahaifinsa da bai taɓa fita ƙasar waje ba yana zaune a filin. A 2023 suka sake ci a Faransa, 12 da 11 a kan New Zealand.

To, mu dawo gida. Na san zari-ruga bai yi ƙarfi a garinmu ba, yawancinku tamaula kuke bugawa. Amma tsanin iri ɗaya ne, kuma matakinsa na ƙasa shi ne ƙungiyar unguwar nan da wasunku suka raina. Ku dubi kocinku da kyau. Mutum ne da yake sayen ƙwallo da kuɗin aljihunsa, ya zo kafin kowa ya ja layin fili da toka, ya tsince kwalabe da ƙusoshi daga cikin yashi, ya roƙi mai Keke Napep rangwame ranar da za ku je wasa wata unguwa. Ba shi da takardar shaida daga Turai, amma shi zai fara gaya maka cewa ƙafarka ta hagu matacciya ce, kuma shi kaɗai zai tsaya bayan an tashi ya riƙa jefo maka ƙwallo a kanta har magariba. Wani hali ya shigo samari wanda ba na jin daɗinsa: da zarar an zaunar da yaro a benci sau biyu, sai ya kwashe takalmansa ya koma wata ƙungiya, can ma haka, shekara ta ƙare ya zaga ƙungiya huɗu babu kocin da ya san shi sosai balle ya tsaya masa. Ranar da aka zo neman yara daga jiha, koci wanda ya daɗe da shi zai ambata, wanda ya san halinsa a ranar nasara da ranar da aka ci su. Zama a benci ma karatu ne ga mai ido. Daga nan ake ganin inda mai tsaron baya yake barin ƙofa, abin da ba ka gani in kana cikin gudu.

Kada kuma ku ɗauka gasar cikin gida ƙasƙanci ce. El-Kanemi Warriors ta garinmu, wadda aka kafa a 1986, ta ci kofin ƙalubale na ƙasa a 1991 da 1992. Samson Siasia, wanda ya zura wa Ajantina ƙwallo a gasar duniya ta 1994, a garin nan ya taka leda a 1987 kafin ya wuce Lokeren ta Beljiyam. A shekarun da rikici ya yi tsanani ƙungiyar ta koma buga wasanninta na gida a garuruwan wasu, ba ta watse ba. A watan Yuni na 2024, tana rukuni na biyu, ta doke Abia Warriors da ci 2 da nema a Legas ta dawo da kofin bayan shekara 32. Ko ku dubi Ahmed Musa. A Jos ya fara, a makarantar ƙwallo ta GBS, ya buga wa JUTH, sannan Kano Pillars, inda ya ci ƙwallo 18 a kakar 2009/2010, ya karya tarihin 17 da Ishaya Jatau ya kafa tun 1990. Waɗannan ƙwallayen ne suka yi masa magana a Turai. Ko da VVV-Venlo ta Holan ta neme shi, sai da aka jira ya cika shekara 18 a watan Oktoba na 2010 kafin ya fara buga mata. Daga can CSKA Moscow a 2012, Leicester a 2016. Babu matakin da ya tsallake.

Wannan jiran da Ahmed Musa ya yi doka ce ta FIFA: ba a sayar da ɗan wasa zuwa wata ƙasa kafin ya cika 18, sai a wasu 'yan yanayi ƙalilan da ba su shafi yawancinku ba. Ku riƙe wannan da kyau saboda dillalan ƙarya. Za su zo da tufafi masu tsada da hotuna a waya, ga su tsaye da wani fitaccen ɗan wasa, su ce akwai gwaji a Turkiyya ko Dubai, kuɗin biza da tikiti kawai ake buƙata, kuma jirgi jibi zai tashi. Na san gidan da aka sayar da filin gado saboda irin wannan magana. Yaron ya sauka a ƙasar mutane, aka kai shi masauki, washegari lambar dillalin ta daina shiga. Da ƙyar dangi suka harhaɗa kuɗin dawo da shi, kuma kunya ta hana shi komawa ƙungiyarsa ta unguwa, wasan ke nan har yau. Ƙungiyar da ke son ka da gaske ita ke biyan kuɗin jirgi, takarda za ta aiko mai ɗauke da sunanta zuwa ga ƙungiyarka, magana ta bi ta hannun hukumar ƙwallo. Duk takardar da aka miƙo maka, kada ka sa hannu a tsaye. Ka kai ta gida, mahaifinka ya gani, kocinka ya gani, a nemi wanda ya san shari'a ya karanta ta tun daga farko har ƙarshe. Wanda ya ce ba lokacin yin haka, ka bar shi ya tafi. Kwaɗayi mabuɗin wahala ne.

Sai maganar shekaru, wadda na san tana da ɗaci. An mayar da rage shekaru kamar ba laifi ba, har manya ke ba yaro shawarar ya zubar da huɗu ko biyar. Tun a gasar duniya ta 'yan ƙasa da 17 da Najeriya ta karɓi baƙunci a 2009, wadda aka buga wasu wasanninta a Kano da Kaduna da Bauchi, FIFA ta fara amfani da na'urar MRI tana duba ƙashin wuyan hannu. A 2016 yara 26 na tawagar Najeriya suka faɗi wannan gwaji ana dab da wasa da Nijar, kuma Nijar ta fitar da mu, alhali mu ke riƙe da kofin duniya na 2015. Amma ko babu na'ura, mai rage shekaru kansa yake cuta. Ɗan shekara 21 a cikin 'yan 15 da ƙarfi yake wucewa, kafaɗa ɗaya ya zubar da yaro, kowa na tafi. Ba ya koyon dabara domin bai taɓa buƙatarta ba. Ranar da ya haɗu da sa'o'insa sai a ga babu komai a ƙafar. A zari-ruga abin ya fi haka muni, domin ƙato ya kayar da yaron da ƙashinsa bai gama ƙwari ba na iya karya masa wuya, alhakin kuma yana kan wanda ya yi ƙaryar da wanda ya rubuta masa ita. Na san da yawanku takardunku sun ƙone a ƙauye, wasu ambaliyar madatsar Alau ta watan Satumba na 2024 ta tafi da su. Idan za ku sake yin takardar haihuwa ko lambar NIN, ku tambayi iyaye da dattawan garinku, a yi lissafi da abin da aka tuna, a rubuta abin da ya fi kusa da gaskiya, kuma ya zama shekara ɗaya ce a kowace takarda.

Wanda yake ganin ya makara, ga Makazole Mapimpi, shi ma ɗan zari-ruga na Afirka ta Kudu. A ƙauyen Tsholomnqa ya tashi, shi ma maraya, babu makarantar masu hali da ta ɗauke shi, bai buga Craven Week ba. A ƙananan ƙungiyoyi ya yi ta wasa har Border Bulldogs ta ɗauke shi a 2014 yana da shekara 23. Sai a 2017 aka san shi a Southern Kings, ya fara buga wa ƙasa a 2018 yana da 27. A wasan ƙarshe na 2019 shi ne ɗan Afirka ta Kudu na farko a tarihi da ya dangwala ƙwallo a bayan layi a wasan ƙarshe na kofin duniya.

Jikinka shi ne jarinka, kuma a nan nake so ku fi saurarona. A zari-ruga abin da ake fara koya wa yaro shi ne yadda zai kayar da mutum lafiya da yadda zai faɗi lafiya. Ka rage tsawo, idonka a kan ƙugunsa, kafaɗarka ta shiga cinyarsa, kanka ya koma gefen jikinsa ta baya, hannuwa biyu su rungume ƙafafu. Wanda ya sa kansa a gaban gwiwar mai gudu ya nemi asibiti da kansa. Ba a kama mutum a wuya ko a ka, laifi ne da kan iya kai ga jan kati. Idan kan yaro ya bugu har ya ga jiri, ko ya yi amai, ko aka tambaye shi inda ake ya rasa amsa, fita zai yi nan take, ya ga likita, ya huta na makonni, ko da wasan ƙarshe ne. A ƙwallon ƙafa ma haka ya kamata. Steve Thompson yana cikin 'yan Ingila da suka ci kofin duniya na zari-ruga a 2003. A 2020, yana da shekara 42, ya fito ya ce ciwon mantuwa ya kama shi, ba ya iya tuna gasar da ya ci. Wanda ya ce maka jarumta ce ka koma fili da kai a bugge, bai san abin da yake faɗa ba.

Tiramol kuma, wanda wasu ke haɗiya kafin wasa wai don kada su gaji, ciwo yake rufewa ba ya warkar da shi. Kana gudu a kan jijiyar da ta tsage ba ka sani ba sai ta tsinke. Daga ranar 1 ga Janairu, 2024, hukumar yaƙi da shan ƙwayoyi a wasanni ta duniya ta haramta shi a lokacin gasa, fitsari kaɗan za a ɗiba sunanka ya ɓaci. Mu a Borno mun ga abin da ƙwayar nan ta yi wa samari, ba labari aka ba mu ba. Maɗoranmu sun iya aikinsu a karaya da targaɗe, ba na raina su, amma gwiwar da ta kumbura tana zamewa in ka juya, hoto take buƙata a asibiti. Kolisi ya tsinke jijiyar gwiwa a watan Afrilu na 2023, aka yi masa tiyata, ya bi umarnin likitoci dalla-dalla, a watan Agusta ya dawo fili. Sannan zafin garinmu ba abin wasa ba ne. Daga Maris zuwa Mayu, lokacin da awo ke haura 40, atisaye bayan asuba ne ko bayan la'asar sakaliya, da ruwa a gefen fili. Da azumi a sassauta, mai nauyi a bar shi sai an sha ruwa.

Karatu fa? Maro Itoje iyayensa 'yan Najeriya ne, an haife shi a Landan a 1994. Ya fara zari-ruga yana da shekara 11 a makaranta, ya bi ta ƙananan ƙungiyoyi zuwa makarantar horon Saracens, ya jagoranci 'yan ƙasa da 20 na Ingila suka ci kofin duniya a 2014, ya shiga babbar tawaga a 2016, ya zama kyaftin ɗinta a 2025. Duk cikin wannan hidima ya yi digiri a fannin siyasa a makarantar SOAS ta Jami'ar Landan. In mai irin wannan albashi bai ajiye littafi ba, ban ga hujjar ɗan SS2 da zai bar aji don atisayen safe ba. Wasa gajeren zamani gare shi, wanda ya yi tsawon rai a cikinsa shi ne ya haura shekara 35, kuma a cikin yara ɗari da ke filinku ƙalilan ne za su ci abinci da shi. Ban faɗi haka don in kashe muku gwiwa ba. Sauran za su iya zama malaman wasanni, alƙalai, masu gashin ƙashi a asibiti, 'yan jarida, kuma duk waɗannan da takarda ake shigarsu. Ga Jami'ar Maiduguri ga Ramat Polytechnic a cikin garinku. Ku tuna Kolisi ma ta ƙofar makaranta ya bi. Da ya kasa zama a aji a Grey, da labarin ya tsaya a nan. Islamiyya da salla a kan lokaci kuwa ba a cinikinsu da kowane koci.

Aikin da aka fi sanin Itoje da shi ya cancanci ku nemi bidiyonsa ku kalla. Idan ƙwallo ta fita gefe, 'yan wasa kan yi layi biyu, mai jifa ya tsaya a bakin layi. Sai a faɗi wata kalmar sirri da 'yan ƙungiya kaɗai suka san ma'anarta. Itoje, mai tsawon kusan mita biyu da nauyin da ya haura kilo 110, ya yi taku biyu ya daka tsalle. A daidai wannan lokaci mutum ɗaya ya kama cinyoyinsa ta gaba, wani ta baya, su cilla shi sama har hannuwansu su miƙe, ya cafe ƙwallon a can, su riƙe shi har ya sauko a kan ƙafafunsa. In ɗayansu ya makara da daƙiƙa ɗaya, ko ya sake shi a sama, da ka zai dawo ƙasa. Hoton jarida na sama yake ɗauka, amma shi ya san a hannun wa ransa yake, shi ya sa ba za ka ji irinsu suna zagin abokan wasa ba. Wannan ladabi ya kai har ga alƙali. A al'adar zari-ruga kyaftin ne ke magana da alƙalin wasa, cikin girmamawa. Wanda ya yi masa gardama, sai a ƙara matsar da ƙungiyarsa baya mita 10. Ina fatan ganin ranar da za a yi wasan unguwa a Maiduguri a tashi ba a kewaye alƙali ana nuna masa yatsa ba. Masu neman 'yan wasa suna rubuta wannan ma a takardarsu.

In akwai waɗanda zuciyarsu ta karkata ga zari-ruga kansa, ƙofa ba a rufe take ba. Najeriya na da tawagar ƙasa mai suna Black Stallions, a Kano kuma akwai ƙungiyar Barewa da ta daɗe tana renon yaran Arewa a wasan. Akwai nau'in 'yan bakwai-bakwai, minti 7 kowane zagaye, wanda ya shiga gasar Olamfik a 2016, shekarar da Kenya ta doke Fiji ta ci gasar Singafo. Ya dace da siraran samari masu gudu irin namu. Ku fara da na taɓawa, wanda ba a kayar da kowa: an taɓa ka da hannu biyu, ka tsaya ka miƙa ƙwallo baya. Yashi ya ishe ku, ƙwallo ɗaya ta ishi mutum goma sha huɗu. Kada ku fara kayar da juna sai kun samu wanda ya koyi wasan ya tsaya a kanku. Ku sami malamin wasanni na makarantarku ya rubuta sunayenku da shekarunku na gaskiya, ya kai wa hukumar wasanni ta jiha, a nemi a turo mai horarwa ko a tura mutum biyu Kano su koyo. Kafin duk wannan, kowa ya nemi izinin gida. Wanda mahaifinsa ya ce a'a, kada ya fita ta bayan gida. Ya nemi kawunsa ko malaminsa su je su yi magana a zaure, shi kuma ya riƙo sakamakon jarrabawarsa ta zangon da ya wuce a hannu.